Amsa Kan Tsutsar da Ke Cin Masara

Malam, ka tambaya daga ina tsutsar da ke cinye zuciyar masara a gonakin Kaduna take fitowa. Uwarta wani malam-buɗe-littafin dare ne mai launin toka, wanda asalinsa nahiyar Amurka ne, kuma a shekarar 2016 aka fara ganinsa a Najeriya. Macen tana zuba ƙwai 100 zuwa 200 a dunƙule a kan ganye da daddare, su ƙyanƙyashe cikin kwana uku, sannan tsutsar ta shafe kusan mako biyu tana ci kafin ta shige ƙasa ta rikiɗa. A lokacin zafi, wata guda ya ishe ta ta tashi daga ƙwai ta zama malam-buɗe-littafi. Ina ganin feshin yamma ya fi, domin da rana ɓuya tsutsar take yi.