Ina haɗa bidiyo a waya, me ya rage in zama editan fim?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina haɗa bidiyon biki da CapCut a wayata, har ana biya na. Burina in zama editan finafinai da shirye-shiryen talabijin. Me ya rage mini, kuma ta ina zan fara?

Amsa: Wa alaikumus salam, ƙanena. Hannunka ya riga ya faɗa, Allah ya ƙara basira. Abin da ya rage shi ne sanin inda za ka yanka da dalilin yankawar, kuma babu manhajar da ke koyar da wannan.

Ɗauki fitowa guda: miji na shaida wa uwargida zai ƙara aure. Darakta ya ɗauko fuskar miji, da ta matar, da su biyun daga nesa, kowanne sau da yawa. Sabon hannu yakan bi baki, duk mai magana shi zai nuna. Gogaggen edita kuwa sai ya bar muryar miji tana tafiya, hoto yana kan matar, a ga ta tsayar da zuba shayi. Ya riƙe fuskarta daƙiƙa biyu, an tausaya mata. Ya kai biyar, mai kallo ya fara zargin tana ƙulla wani abu. Fim na gudu da hotuna 24 a daƙiƙa, talabijin ɗinmu 25, kuma wani lokaci a kan hoto uku ko huɗu ake jayayya da darakta.

Abin ba sabo ba ne. Shekara ɗari da suka wuce Lev Kuleshov, wani mai shirya fim na Rasha, ya haɗa fuskar ɗan wasa guda, wadda ba ta nuna komai ba, da kwanon miya, sannan da akwatin gawa. Masu kallo suka ga yunwa a farko, baƙin ciki a na biyu, alhali fuskar ɗaya ce.

Sana'ar kuma ta amana ce. Thelma Schoonmaker, wata editar fim ta Amurka, ita ta tace fim ɗin darakta Martin Scorsese na farko a 1967, daga 1980 kuma ita ke tace kusan duk finafinansa, har ta ci kyautar Oscar sau uku. Darakta in ya sami editan da ke gaya masa gaskiya, ba ya sakinsa.

Ta ina za ka fara? Koma kwamfuta. Manhajar haɗa bidiyo ta DaVinci Resolve na da samfurin kyauta, akwai kuma Premiere Pro da editoci ke amfani da ita. In kana son takarda, akwai cibiyar koyar da harkar fim ta ƙasa a Jos. Amma ka nemi zama yaron wani edita tukuna. A can za ka koyi jera fayil, daidaita murya da motsin baki, lura da hular da ta sauya tsakanin ɗauka da ɗauka, da adana aiki a wuri biyu, don ranar da hard disk, wato ma'ajiyar fayil ta kwamfuta, ya mutu ba a jin uzuri.

Shirye-shirye masu dogon zango na Arewa24 da YouTube sun buɗe ƙofa, sai dai kowane mako akwai wa'adi. Kuma don Allah kar ka gaji ciwon nan namu: mota ta yi hon, maigadi ya buɗe get, a faka, a fito, a gaisa har da tambayar yara, duk don cika mintuna. Furodusa zai matsa maka. Ka yanka masa fitowar iri biyu, doguwa da gajeriya, ka kunna masa ya zaɓa da idonsa.