Kyamarar tsaro a ɗakin baje kolin zane

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ɗaliba ce a Bauchi. Ina son haɗa aikin bidiyo da zai sa mai kallo ya ji yadda kyamarorin tsaro ke bin fuskarsa. Ta ina zan fara?

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar uwa. Ba sai kin sayi kaya masu tsada ba. A 1974 Nam June Paik, mai fasahar bidiyo ɗan asalin Koriya, ya ajiye gunkin Buddha gaban talabijin yana kallon hoton kansa kai tsaye, da kyamara guda.

Ki samu ƙaramar kyamarar kwamfuta, laftof, majigi da wayar HDMI, wadda za ta haɗa laftof da majigi don haska hoton a bango. Ki ɗaura kyamarar sama da ƙofa, kamar mita biyu da rabi, tana duban ƙasa. Wannan tsayin ne ke ba da kamannin sa ido: mai shigowa ya ga ƙeyarsa a bango kafin ya gano inda ake ɗaukarsa.

Matsalar da ta fi yawa ita ce hoto ya riƙa ƙyaftawa. Lantarkinmu na bugawa sau 50 a daƙiƙa, don haka ki saita kyamarar a hoto 25 a daƙiƙa, ba 30 ba. Kada taga ta kasance bayan mutum, fuskarsa za ta yi duhu. Ki tanadi batir saboda ɗauke wuta.

Batun izini kuwa ba na wasa ba ne, musamman ga mata. Ki liƙa sanarwa a ƙofa da Hausa, kuma kada ki adana hoton kowa. Dokar kare bayanan sirri ta Najeriya ta 2023 ta shafi hoton fuska.