Ƙanena mai son tahowa Kanada don ya tsere wa shaye-shaye

Saƙonka ya iso, irinsa ne nake samu kusan kullum, sai dai naka ya ɗan bambanta shi ya sa na zauna na rubuta. Ka ce Yaya wata bakwai ke nan rabonka da kodin da tiramol, ka ce muddin kana ganin abokan nan na majalisa wata rana sai sun mayar da kai ruwa, don haka in taimaka maka da admishan ka taho nan ka fara sabuwar rayuwa. To barka da wata bakwai, wallahi ba ƙaramin abu ba ne, ni da na bi ta wannan hanyar na san yadda makon farko yake, zufa, gudawa, ciwon gaɓoɓi, ƙafa ta ƙi zama waje ɗaya har gari ya waye. Amma maganar tahowa yanzu, a'a. Ban goyi baya ba.

Kai a tunaninka ƙwaya a unguwarku take. Ƙasar da kake son zuwa ta halatta wiwi tun watan Oktoba na 2018, shagunanta a bakin titi suke da fitilu da allo, ka nuna katin shaida ka saya ba ɗan sandan da zai kalle ka. Giya kuwa ba a magana, duk wani taron ɗalibai da ita ake yi, kai ne ma za ka riƙa bayanin dalilin da ya sa ba ka sha. Kuma wannan duk mai sauƙi ne. Abin da ke kashe mutane a nan fentanil ne, ya ninka hodar heroin ƙarfi kamar sau 50, ana cusa shi cikin ƙwayoyin bogi masu kama da na asibiti sak, mai sayarwar ma wani lokaci bai san abin da ke ciki ba. Lardin British Columbia tun Afrilun 2016 ya ayyana dokar ta-ɓaci ta lafiya a kan mace-macen nan. Kai da ka yi watanni ba ka sha ba jikinka ya riga ya manta, adadin da da kake sha ka tashi ka kama harkarka yanzu shi zai iya tsayar maka da numfashi, shi ya sa wanda ya daina ya koma ya fi kowa zama cikin haɗari. Wannan ka riƙe shi ko kana gida ko kana nan.

Abin da ya fi ba ni wahala kuma ba wanda ya gaya min shi ne kaɗaici. A Disamba kafin ƙarfe biyar na yamma duhu ya rufe, ka dawo daga aiki ko aji ka shiga ɗaki ka rufe ƙofa, ba mai ƙwanƙwasawa, ba mai cewa wane yau ban gan ka a masallaci ba. Sa idon nan da kake kuka da shi, Hajiya tana shinshina bakinka, yayarka tana duba idonka in ka shigo, shi ne rabin abin da ya riƙe ka wata bakwai ɗin nan ko ba ka sani ba. A nan sai ka kwana uku a buge a ƙasan ɗaki, mai gidan haya ne kawai zai neme ka, shi ma sai ƙarshen wata. Ga ɗalibi awa 24 kawai aka yarda ya yi aiki a mako a wajen makaranta, kuɗin ba ya isa, ga 'yan gida suna ganin ka zama banki, duk wannan matsin a kan wanda bai gama tsayawa da ƙafarsa ba.

Mutanenmu na nan kuwa, hmm, Allah ya shirye mu. Na taɓa buɗe cikina ga wani dattijo da nake ganin girmansa, kafin mako ya zagayo labarin ya riga ni isa ko'ina, har wani ya hana ƙaninsa shiga motata. Har yau abin yana ci min rai. Waɗanda suka riƙe ni wasu ne can a ɗakin ƙasa na wani coci, taron Narcotics Anonymous, ƙungiyar masu ƙoƙarin daina ƙwaya, ba wanda ya tambaye ni ɗan gidan wa ne ni, sunan farko kawai ake faɗa. Kar ka ce coci ka tsorata, aron ɗakin kawai suke yi, ba wa'azi ake ba, kowa da abin da ya yi imani da shi, ni da Allahna na shiga da shi na fito. Ƙungiyar ta samo asali ne a Kalifoniya a 1953, ta ɗauko tsarin matakai 12 daga ta mashaya giya wadda Bill Wilson da Dokta Bob Smith suka kafa a Akron a 1935, mutum biyu da suka gano cewa mashayi ya fi jin maganar mashayi ɗan'uwansa. Wani tsohon direban tirela ne ya zama mai kula da ni, Bature, jikinsa duk zane, irin wanda da a da ne zan tsallaka titi in na hango shi. Shi ya koya min in daina rantsuwar har abada, in ce yau dai ba zan sha ba, gobe in ta zo a yi maganarta. Kuma tarukan nan ana yinsu ta Zoom dare da rana, ba ka buƙatar biza, data kawai, ka fara shiga tun daga inda kake.

Na san abin da ke damunka yanzu ko ba ka faɗa ba, komai ya zama salam, ba daɗin hira ba daɗin ƙwallo, kana tunanin ko haka za ka ƙare. Ba haka za ka ƙare ba. Ƙwaya ta saba wa ƙwaƙwalwa da ambaliyar dopamin, sinadarin da ke sa mutum jin daɗi, sai ta rage nata, kuma dawowar a hankali take. An ɗauki hoton ƙwaƙwalwar masu shan meth, wata ƙwaya da ta fi taka muni, aka ga bayan shekara ɗaya da ɗoriya da dainawa wuraren sun farfaɗo sosai. Barci ne ke fara dawowa, sai cin abinci, sai wata rana ka ji kana dariya ta gaske. In kuma ka zame, Allah ya kiyaye, kar ka ce shi ke nan an gama, cibiyar binciken shaye-shaye ta Amurka ta ce kashi 40 zuwa 60 cikin ɗari suna zamewa, kusan daidai da masu hawan jini da asma da ciwonsu ke tashi, ba wanda ke ce wa mai asma ya ji kunya. Ka koma wajen likita washegari, akwai magunguna irin su buprenorphine da methadone da aka yi don masu irin matsalarmu, shansu bisa umarnin likita ba faɗuwa ba ce ko me 'yan majalisa za su ce. In akwai roci ko baliyam ko giya a cikin abin da kake haɗawa to kar ka yanke su rana ɗaya kai kaɗai, suna iya kawo jijjiga har a rasa rai.

Batun takardu a taƙaice, za a yi maka gwajin lafiya wajen likitan da hukumar shige da fice ta amince da shi, kuma akwai tambaya kan shaye-shaye. Ejen da ke haɗa maka takardun biza zai ce ka ce a'a. In aka kama ka da ƙarya haramcin shekara biyar ne, shi kuma ejen ya ci kuɗinsa ya wuce. Gara ka je da takardar likitan da ke duba ka wadda ta nuna tsawon lokacin da ka yi a tsaye.

Ni yau ina da aikina, ina da iyalina, mutumin da ya hana ƙaninsa shiga motata shi ya zo neman in tsaya masa a wajen aiki, kuma na tsaya masa. Ba wanda ya ba ni wannan a faranti. Don haka ka cika shekara tukuna, ka sami likita ɗaya da mutum ɗaya da ba ka yi wa ƙarya, ka goge lambar dilan nan da na san har yanzu tana wayarka da sunan wani makanike, sannan ka turo min sakamakon jarrabawarka mu duba makarantu tare. Maganar biza da kuɗin makaranta ka bari sai ƙarshen mako, ka riƙa duba bambancin lokaci don Allah, ina tashi aiki da asuba. Amma in sha'awar abin ce ta taso maka, ka kira ko ƙarfe nawa ne, zan ɗauka.