Ina da jiki, yaya zan samu kaya masu sauƙin kuɗi da za su zauna min daidai?

'Yar'uwa, kin ce duk rigar da kika saya mai sauƙin kuɗi, ko ta matse ki a damtse ko ta yi miki buhu a ƙugu. Ki daina dogara da lambar da ke wuyan riga, don kowane kamfani da irin awonsa. Lamba 16 ta Amurka yawanci ita ce 20 a Ingila. Haka kuma XL daban, 1X daban: ita 1X tun a wajen yanka ake buɗe mata ƙirji, hammata da kwankwaso.

Ki samu tef ki auna ƙirjinki a inda ya fi cika, kina sanye da rigar maman da kika saba sawa, sannan ƙugu, kwankwaso da kaurin damtse. Tef ɗin ya kwanta a jiki, kar ki ja shi, kar kuma ki shanye ciki (wannan yaudarar kai ce kawai). Sai ki gwada awonki da jadawalin mai sayarwa. In kin faɗo tsakanin lamba biyu, ɗauki babbar. Rage ƙugu ba ya ba tela wahala, amma kafaɗa da hammatar da suka matse, gyaransu sai ya ci kuɗin rigar.

Ki duba yadin ma. Wanda aka haɗa da elasten (zare mai miƙewa kamar roba) kashi 3 zuwa 5 cikin ɗari yana bin jiki, auduga zalla kuwa takan tsuke bayan wanki. Wajen gwaji ki zauna da rigar, ki ɗaga hannuwa sama. In tsakanin maɓallan ƙirji ya wage baki, mayar da ita.