Amsa ga ɗan'uwan da hannun fedarsa ke kwancewa

Wa alaikumus salam Malam. Na ga tambayarka, ka ce hannun fedarka na hagu yana girgiɗi, ka ɗaure shi da safe kafin la'asar ya sake saki, har wani ya ce ka kai a yi maka walda ka huta. Don girman Allah kada ka kai keken nan wurin mai walda. Ciwon da ke damunka shi ya dame ni bara, har yanzu in na tuna sai raina ya ɓaci.

Tunda ka ce keken ɗan Beljiyam ne, kusan tabbas sandar tsakiyarsa mai baki kusurwa huɗu ce. Ita ƙarfe ce mai tauri, bakinta yana ɗan sirancewa, shi kuwa hannun alminiyam ne. Da zarar an tuƙa shi a sake, ko da daga gida zuwa masallaci ne, sandar za ta fara cin ramin hannun. In rami ya buɗe, magana ta ƙare, ko wa ka kira ya ɗaure maka ba zai zauna ba. Na hagu ya fi yin haka saboda ƙarfin ƙafar hagu sai ya bi ta wannan mahaɗar, ya ratsa sanda, kafin ya isa ga sarƙa. Na dama kuwa farantin sarƙa a jikinsa yake.

Ni wurin wani mai gyara na kai a unguwarmu, ba zan kama suna ba. Ina tsaye ya yanko gwangwanin madara da almakashi, ya naɗa a bakin sanda, ya ɗora hannun, ya bi shi da guduma. Ya ce Alhaji wannan ya zauna ke nan sai dai jikokinka su gada. Na biya shi ban ko yi ciniki ba. Ba a jima ba ina hawan gada da buhun masara a kariya, na miƙe tsaye na taka da ƙarfi, sai kawai na ji ƙafata ta tafi ƙasa ba komai a ƙarƙashinta. Ƙaurina ya daki bakin sanda, wando ya yage, jini ya cika min takalmi. Mai adaidaita sahun da ke bayana, Allah ya saka masa da alheri, da bai taka birki ba da yanzu wani zancen ake yi. Ga feda da hannunta can kwance a tsakiyar kwalta, motoci suna kauce mata, ga masara tana zuba ta inda buhu ya fashe, wata tsohuwa tana taya ni kwasa da gefen mayafinta. Na tura keken nan har gida ina ɗingishi.

Da na koma wurinsa, ka san me mutumin nan ya ce min? Wai ƙafata ce ke da nauyi. Ko sannu babu. Na haɗiye, na ce to nemo sabon hannu ka sa, na bar masa keken na tafi Juma'a. Kafin in dawo ya tono wani tsohon hannun ƙarfe daga cikin tarkacensa, ya kai maƙwabcinsa sun like shi da walda a jikin sanda. Bai tambaye ni ba! Zafin waldar ya ƙone giris ɗin ciki, boris suka fara kuka, ga hannun ya fi na dama gajarta har gwiwata ta soma ciwo. Da aka zo canza boris ba hanyar cirewa, sai da aka yanke sandar. Abin da hannu ɗaya zai magance, na ƙare da sayen sanda da boris da komai. Har gobe yana nan yana wa mutane wannan aikin, in na wuce har hannu yake ɗaga min.

To ka sayi hannun hagu kaɗai, ana sayar da shi daban, wanda aka yi amfani da shi ma ya isa in raminsa lafiya lau ne. Ka juya tsohon, kusa da inda feda ke shiga za ka ga lamba, yawanci 170 ko 175, tsawonsa ke nan a milimita, dole sabon ya zo daidai da na dama. Ka tafi da tsohon kasuwa ka haɗa su ka gani da idonka, don wani raminsa a miƙe yake, wani a karkace. In ka ɗauko wanda bai dace ba, fedojin ba za su yi layi ɗaya ba.

Kuma a daina cire hannu da guduma, jama'a. Akwai fula, ɗan ƙaramin abu ne na zaro hannu daga sanda. Ka fara cire kusar tsakiya da alanki mai lamba 8, wasu kuma soket 14 suke ci. Ka leƙa ko akwai wosha ta maƙale a ciki ka zaro ta. Sai ka murɗa fular da yatsunka har ta shige ƙarshe kafin ka sa sifana. In rabi ta shiga ka danna, tiredin alminiyam zai kwashe gaba ɗaya, ka shiga wata sabuwar wahalar. Wurin mayarwa ka goge bakin sanda tas, ka shafa giris a tiredin kusa, ka ɗaure sosai da alanki mai dogon hannu, abin da ake so wajen 40 Nm ne ga mai ma'auni. Maganar shafa giris a bakin sandar kanta, ana musu a kai, ni dai ɗan kaɗan nake sawa. Bayan ka hau na kwana biyu ka sake duba kusar.

Af, kafin ka kashe kuɗi: kama hannayen biyu ka jijjiga gefe da gefe. In tare suke motsi, boris ne ko kofin da ke riƙe su ya saki, ba hannu ba. Kofin dama a yawancin kekunanmu tiredinsa a juye yake, haka ita ma fedar hagu, in ka murɗa yadda ka saba ƙara ɗaurewa kake yi. Fedar sifana 15 take ci, kuma akwai L da R a jiki. In kekenka mai sakakkun boris ne, 11 ne kowane ɓangare. Giris za ka cika musu, ba baƙin man inji ba. Masu kai keke wurin wankin mota a fesa masa ruwa mai ƙarfi, ku ji tsoron Allah, ruwan nan cikin boris yake shiga ya kwana, ballantana da damina.

Masu keke Phoenix da Raleigh, naku na kota ne, wato ɗan ƙarfen da ke ratsa hannu ya riƙe shi a sanda, mai noti a ƙarshensa, labarinsa daban. Notin nan ba shi ke jan kota ba, riƙe ta kawai yake yi, in ka matsa masa tsinkewa zai yi. Ana tokare hannun da guntun bututu daga ƙasa, a buga kota ta zauna, sannan a ɗaure noti. In ta hagu kanta yana gaba, ta dama ya kalli baya, yawancinsu kuma 9.5 ne. Raleigh ɗin mahaifinmu ban taɓa ganin an taɓa kotarsa ba, kotocin yanzu kuwa taushi kamar alawa, bugu kaɗan sun lanƙwashe.

Ka ajiye keken haka nan, kada ka sake hawa, don sandar ma in ta ci gaba da gugar tana iya lalacewa. Ka turo mana hoton bayan hannun da na bakin sanda a haske. In a Kano kake ka yi min magana ta gefe, ina da fula zan ara maka, amma fa a dawo min da ita.