Amsa Ga Ƙanena Mai Shirin Zuwa Ingila Karatu: Hattara Da Kalmar "Flash"

Ƙanena, saƙonka ya iso ni, kuma na ga ka ce tunda ka ci jarrabawar IELTS ta gwajin Turanci da maki mai kyau, batun harshe ya ƙare, abin da ya rage maka shi ne biza da kuɗin jirgi da masauki. Ina taya ka murna, amma wannan maganar ce ta sa na ajiye sauran tambayoyinka, domin kalmomin da suka fi jefa mutanenmu cikin matsala a nan Ingila su ne ƙananan da bakinmu ya saba da su tun daga gida, har muke ganin babu abin da za a koya mana a kansu.

Ɗauki kalmar "flash". Ma'anarta ta ƙamus ita ce haske ya walƙa ya ɗauke nan take, kamar fitilar kyamara, kuma wannan ka riga ka sani. A wajenmu kuwa, tun da wayar salula ta shigo Najeriya a 2001, lokacin da ake cajin kira da minti kuma kati yana da tsada, muka mayar da ita kira a katse kafin a ɗauka, har ta zama Hausa, kowa yana cewa a yi masa filashin. To, a bakin Bature ɗan Ingila, idan ka ce za ka yi wa mutum "flash", abin da zai fara zuwa masa a rai shi ne za ka buɗe masa tsiraicinka. Wannan laifi ne a ƙarƙashin sashe na 66 na dokar laifukan lalata ta 2003, hukuncinsa yana iya kaiwa ɗaurin shekara 2, kuma tun daga Janairun 2024 tura wa mutum hoton tsiraici ta waya don a tayar masa da hankali shi ma ya zama laifi a Ingila da Wales, da sunan da aka ciro daga wannan kalmar.

Abin da ya sa na damu da maganar shi ne na ga yadda ta kusa raba wani yaro ɗan ƙasarmu da abincinsa a gidan kula da tsofaffi inda nake aiki. Wata abokiyar aikinsa ta nemi lambarsa don su yi musayar ranar aiki, shi kuwa da zuciya ɗaya ya karɓi tata, ya ce idan an tashi zai yi mata "flash". Ta yi shiru, ta ɗauki jakarta ta fita, washegari aka kira shi ofis aka dakatar da shi har sai an gama bincike, alhali bizarsa a hannun wannan ma'aikatar take. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne babu ko mutum ɗaya a cikinsu da ya tsaya ya tambaye shi me yake nufi. Sai da na shiga da kaina, a matsayin wanda ya daɗe a wurin kuma ya kai inda ake sauraron maganarsa, na ɗauki wayata na kira ta manajan na katse a gabansa, na ce masa wannan shi ne abin da yaron yake nufi. An mayar da shi bakin aiki, amma ya daɗe yana cin abincin rana shi kaɗai. Kai ma da bizar ɗalibi za a ba ka damar aikin awa 20 a mako lokacin karatu, kuma a irin waɗannan wuraren za ka fara.

A kan titi ma kalmar tana da nata tarkon. Direban gida idan ya walƙa maka fitila, yana nufin ka tsaya, ga shi nan tafe. Direban Ingila kuwa yawanci yana nufin ya ba ka hanya ka wuce, duk da cewa ƙa'ida ta 110 a kundin dokokin hanya ta ce ana walƙa fitila ne kawai don a sanar da wani cewa ana wurin, ta 111 kuma ta gargaɗe ka kada ka ɗauke ta izinin wucewa. Idan kuma ka ji wani yana ƙorafin an yi masa "flash" a hanya, kyamarar kama masu gudun wuce kima ce ta ɗauke shi, kuma mafi ƙarancin tarar ita ce fam 100 da makin laifi 3 a kan lasisin tuƙi.

Saboda haka idan ka iso, ka bar wannan kalmar a bakinka sai tsakaninmu 'yan gida. Idan kana son Bature ya sami lambarka, ka ce za ka ba shi "missed call", ko ka tura masa saƙo da sunanka a ciki. A watanninka na farko ka yawaita sauraro a wurin aiki da cikin bas, kuma duk lokacin da ka faɗi magana ka ga fuskar mutum ta canza, ka tsaya nan take ka tambaye shi me ya fahimta, kada ka bari ya tafi da ita ofis. Batun masauki kuma ka turo mini sunan jami'ar da garin da take, zan duba maka.