Tambayoyin Masu Karatu: Yadda ake tantance raunin basira da matakansa

Tambaya: Assalamu alaikum. Ɗana shekararsa tara, kuma sau biyu ke nan ana maimaita masa aji. An yi masa gwajin basira ya sami maki 68, aka rubuta a takarda cewa yana da raunin basira mai sauƙi. Amma yaron nan yana wanka da kansa, a aike shi ya dawo da canji daidai, yana wasa da tsaransa lafiya lau. Shin wannan makin kaɗai ya isa a yanke masa hukunci? (Daga wata uwa)

Amsa: Wa'alaikumus salam. Bai isa ba, Malama. Kundaye biyu da likitoci ke dogara da su a wannan fanni, wato DSM-5 na ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta Amurka wanda ya fito a 2013, da ICD-11 na Hukumar Lafiya ta Duniya wanda ya fara aiki a Janairun 2022, duk sharuɗɗa uku suka gindaya, kuma sai sun haɗu gaba ɗaya. Na farko shi ne rauni a aikin basira: tunani, warware matsala, tsara abu, da koyo daga darasi ko daga abin da ya faru. Na biyu shi ne rauni wajen tafiyar da rayuwar yau da kullum gwargwadon abin da ake tsammani daga sa'anninsa. Na uku, ya kasance abin ya faro tun lokacin girma. Gwajin da aka yi wa ɗanki sharaɗi na farko kawai ya taɓa.

Shi kansa makin akwai abin dubawa a cikinsa. An tsara gwajin basira, wato IQ, ne yadda matsakaicin maki zai zama 100, kuma kusan mutum biyu cikin uku suna faɗawa tsakanin 85 da 115. Iyakar da ake lura da ita ita ce 70, kimanin mutum biyu cikin ɗari ne ke ƙasa da ita. To amma awon ba ya cika cif. Ana yi masa rangwamen kusan maki biyar, sama ko ƙasa, don haka 68 ɗin nan na iya zama 63, na iya zama 73. Yaron da ke kan gaɓa irin wannan, ba a yi masa gaggawa.

Sai kuma yadda aka yi gwajin. Wanda aka fi amfani da shi ga yara masu shekara 6 zuwa 16 shi ne WISC. Ƙwararre ne ke zama da yaro shi kaɗai, sa'a ɗaya ko fiye, kuma sakamakon yana fitowa kashi-kashi: fahimtar magana, fahimtar siffa da zane, hangen ƙa'idar da ke ɓoye cikin abu, riƙe bayani na ɗan lokaci, da saurin aiki. Idan ya yi ƙarfi a wani kashi ya faɗi ƙasa warwas a wani, jimillar makin ba ta bayyana shi yadda yake. Idan aka gwada shi da harshen da bai ƙware a kai ba, harshen aka auna, basirar tana gefe. Haka idan kunnensa ba ya ji sosai, ko ya zo a tsorace, ko bai yi barci ba. Kuskuren yana iya karkata ɗaya ɓangaren ma: tsohon bugu na gwaji yakan ba da maki fiye da ƙima, domin matsakaicin maki ya riƙa hawa da kusan uku a kowace shekara goma a ƙasashen da aka bibiyi lamarin.

Sharaɗi na biyu ana auna shi ne da hira da wanda ke rainon yaron, galibi da ma'auni irin na Vineland, a fannoni uku: na ilimi (karatu, lissafi, sanin lokaci da kuɗi), na zamantakewa (hira, abota, gane mai son cutarsa), da na hidimar kai (wanka, sutura, cin abinci, kiyaye haɗari). Abin da za a tambaye ki shi ne ko yana yi da kansa ba tare da an tuna masa ba. "Zai iya idan aka matsa masa" amsa ce daban, kuma a nan iyaye da yawa ke ƙara wa 'ya'yansu maki saboda ƙauna.

Kada mu ɓoye miki wani abu: yara masu rauni mai sauƙi da dama suna wanka da sutura da kansu, don haka abin da kika lissafa bai kore shi gaba ɗaya ba. Rauni a fanni ɗaya cikin ukun nan ya wadatar idan ya kai yadda yaro ke buƙatar tallafi a kai a kai. Amma yaron da ke ƙirga canji daidai alhali karatu ya gagare shi, dole a binciki matsalar karatu ta musamman, wadda ake kira dislekshiya, da matsalar rashin tattara hankali. Ki koma ki nemi cikakken rahoto: sunan gwajin, bugunsa, harshen da aka yi amfani da shi, da makin kowane kashi. Ki nemi a auna hidimar yau da kullum, a duba ji da gani. Idan za a sake irin gwajin da aka yi, a bari a sami tazarar kamar shekara guda, domin yaro yakan tuna tambayoyin, makin ya hau ba gaira ba dalili.

Tambaya: Ni malamin firamare ne. Ina ganin ana rubuta "mai sauƙi" ko "matsakaici" a takardun wasu ɗalibai. Me waɗannan matakan ke nufi a aikace? (Daga wani malami)

Amsa: Matakai huɗu ne, Malam. Tsohon kundin ICD-10 ya raba su da maki: mai sauƙi 50 zuwa 69, matsakaici 35 zuwa 49, mai tsanani 20 zuwa 34, mai matuƙar tsanani ƙasa da 20. DSM-5 ya bar wannan hanya, ya koma rarraba su bisa yadda mutum ke tafiyar da rayuwarsa da yawan taimakon da yake buƙata. Muna ganin wannan ya fi dacewa, domin can ƙasan ma'auni makin ba abin dogaro ba ne, kuma yara biyu masu maki 55 na iya shan bamban ƙwarai a cikin aji.

Kusan kashi 85 cikin ɗari suna matakin mai sauƙi, kuma su ne za ka fi gani. Sau da yawa ba a farga da su sai an shiga makaranta. Suna koyon karatu da lissafi a hankali, abin da ba a gani da ido yana ba su wuya, kuma ana saurin yaudararsu. Da koyarwa mai kyau da yawansu suna yin sana'a su riƙe gida, sai dai su nemi mai taimaka musu a manyan shawarwari na kuɗi ko lafiya. Matsakaici tun yana ƙarami ake ganin jinkirin maganarsa. Yana iya koyon hidimar kansa, ya gane sunansa da alamomin da ya saba gani, ya yi aiki ƙarƙashin kulawa. A mataki mai tsanani magana ba ta wuce kalmomi kaɗan da nuni, kuma ana buƙatar mai taimako kullum. Na ƙarshen yakan zo tare da farfaɗiya ko naƙasar gaɓoɓi ko ta ji da gani, kulawarsa dare da rana ce.

Abin da ka rubuta game da ɗalibi yana cikin hujjojin da mai tantancewa ke nema. "Ba ya ganewa" ba ta taimaka masa da komai. Ka rubuta cewa yana bin umarni mai mataki ɗaya amma yana ɓacewa a mai mataki uku, ko cewa ya iya haruffa goma a farkon zango, yanzu ya iya sha shida.

Tambaya: 'Yata shekararta uku, ba ta haɗa kalma biyu, kuma sai da ta kusa shekara biyu ta fara tafiya. Likita ya rubuta "jinkirin girma", ya ƙi faɗin ko tana da raunin basira. Ɓoye mini yake yi? (Daga wani uba)

Amsa: Ba ɓoyewa yake yi ba, ƙa'ida ya bi. Yaron da bai kai shekara biyar ba, gwajin basira ba ya tsayuwa a kansa, don haka idan ya makara a fannoni biyu ko fiye (motsi, magana, fahimta, zamantakewa, hidimar kai) ana rubuta jinkirin girma ne, a sake dubawa daga baya. Wasu suna kamo tsaransu, wasu kuma daga baya a tabbatar da raunin. Alamomin da ke sa a tura yaro bincike sun haɗa da rashin zama da kansa a wata tara, rashin tafiya a wata 18, da rashin haɗa kalma biyu a shekara biyu. Wanda ya fi duka gaggawa shi ne yaro ya rasa abin da ya riga ya iya, wannan ba a jira da shi.

Abu na farko da za a yi wa 'yarka shi ne gwajin ji na asibiti. Tafa hannu a bayanta bai isa ba, domin yaro na iya jin ƙara mai ƙarfi amma ya kasa rarrabe sautukan magana. Daga nan likita zai bi tarihi: yadda cikin ya kasance, ko ta yi jinkirin kuka da numfashi lokacin haihuwa, ko ta yi shawara mai tsanani tana jaririya, ko sanƙarau, ko zazzaɓin cizon sauro da ya taɓa ƙwaƙwalwa, ko akwai mai irin wannan a dangi. Zai auna zagayen kanta, ya duba siffar fuska da fata. Gwajin jini kan duba aikin tayirod (wani sashen jiki da ke gaban wuya), ƙarancin jini, da gubar dalma idan akwai dalilin zargi. Ƙarancin sinadarin aidin a jikin mai ciki yana sahun gaba cikin dalilan da za a iya kaucewa a duniya. A ɓangaren gado akwai lalurar Down, inda ake samun ƙarin kuromosom na 21 (kuromosom su ne ke ɗauke da bayanan gado a ƙwayoyin jiki), jimillarsu ta zama 47 maimakon 46, da lalurar Fragile X wadda ta fi tsananta ga maza. Hoton ƙwaƙwalwa ba kowane yaro ake yi wa ba, sai idan akwai farfaɗiya, ko kai ya yi ƙanƙanta ko girma fiye da ƙima, ko wata alamar jijiya. A yara da yawa, musamman masu rauni mai sauƙi, ana gama binciken ba a gano dalili ba, kuma wannan ba gazawar likita ba ce. Kada ka jira suna kafin a fara mata horon magana da na motsa gaɓoɓi, yanzu ne lokacin da ya fi amfani.

Tambaya: Yayana ya yi haɗarin mota yana da shekara 30, tun daga nan tunaninsa ya ragu. Shi ma raunin basira ne? Akwai maganinsa? (Daga wata ƙanwa)

Amsa: Allah ya ba shi lafiya. Nasa ba ya cikin wannan rukuni, tunda ya same shi ne bayan ya gama girma. Ana lissafa shi cikin matsalolin tunani da ke biyo bayan raunin ƙwaƙwalwa, kuma gwajinsa daban ne, domin ana kwatanta shi da yadda yake kafin haɗarin. Raunin basira kuma ba taɓin hankali ba ne, ko da yake mai shi na iya kamuwa da ciwon damuwa kamar kowa. Babu ƙwayar da ke ƙara basira. Abin da ake bai wa magani shi ne lalurar da ta zo tare da shi, kamar farfaɗiya ko ƙarancin aikin tayirod. Shi yayanki, likitan jijiyoyi da ƙwaƙwalwa ya kamata ya gani, tare da masu horon farfaɗo da magana da tunani, kuma ku tafi da duk takardun asibitin da aka kwantar da shi bayan haɗarin.